Yadda Ake Karanta Tarihin Danniyar Gwamnatoci: Da Me Za Ka Fara, Ina Ake Tuntuɓe

Abin da aka rubuta kan take haƙƙin ɗan'adam ya fi ƙarfin karatun mutum ɗaya. Yawancin masu farawa sukan tsinci littafi nan, su tsinci rahoto can, yau Kambodiya gobe Siriya, bayan wata biyu zuciya ta cika da ɓacin rai amma in aka tambaye su wa ya ba da umarni, wace doka aka fake da ita, wa ya biya albashin masu azabtarwa, sai a ji shiru. Hanyar da ta fi amfani ita ce ka ɗauki ƙasa ɗaya da zamani ɗaya, ka karanta takardu iri huɗu a kanta: rahoton hukumar bincike, labarin wanda abin ya shafa, takardun waɗanda suka aikata tare da hukuncin kotu, sai aikin masana tarihi. Kowanne yana ganin abin da ɗan'uwansa bai gani ba. In ka yi wa ƙasa ɗaya haka sosai, ta biyu ba za ta ci maka rabin lokacin ba, domin hanyoyin danniya suna kama da juna ƙwarai.

Fara da dokokin

Ware kwana biyu ko uku don wannan. Sanarwar Majalisar Ɗinkin Duniya kan haƙƙin ɗan'adam ta 10 ga Disamba 1948 sashe 30 ce kawai, kuma akwai fassararta da Hausa. Bayanta ka karanta sashe na 4 na Yarjejeniyar 'Yancin Jama'a da na Siyasa ta 1966, wanda ya faɗi abin da gwamnati za ta iya dakatarwa lokacin dokar ta-ɓaci da abin da ba za ta taɓa ba ko da ana yaƙi, kamar haramcin azabtarwa da na bauta. Sai sashe na 1 da na 2 na Yarjejeniyar Haramta Azabtarwa ta 1984: azabtarwa a doka tana buƙatar hannun jami'in gwamnati ko yardarsa ko kau da kansa, kuma umarnin na sama ba ya zama uzuri.

Akwai abu biyu da ake yawan cakuɗawa. Laifin cin zarafin bil'adama, a sashe na 7 na Dokar Roma ta 1998 wadda ta kafa Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya, shi ne hari kan farar hula mai faɗi ko mai tsari. Kisan ƙare-dangi kuwa, a Yarjejeniyar Haramta Kisan Ƙare-dangi ta 1948, sai an nuna niyyar hallaka wata al'umma ta ƙasa, ƙabila, launin fata ko addini, dukkanta ko wani ɓangarenta, kuma ƙungiyoyin siyasa ba sa ciki. Saboda haka in rahoto bai kira wani kisa da sunan ƙare-dangi ba, ba wai ya raina yawan gawarwakin ba ne. Niyyar ce ba a tabbatar ba.

Rahoton hukumar bincike: fara da takardar da ta kafa ta

Ga mai farawa, Ajantina ta fi sauƙin shiga. Sojoji sun yi mulki daga 1976 zuwa 1983, kuma hukumar da Shugaba Raúl Alfonsín ya kafa ƙarƙashin marubuci Ernesto Sábato ta miƙa rahotonta, Nunca Más, a 1984. Kundi ɗaya ne, an fassara shi zuwa Turanci, kuma an tsara shi bisa yadda abin ke faruwa: ɗauke mutum, kai shi ɓoyayyen wurin tsarewa, azabtarwa, sannan ɓatar da gawa. Hukumar ta tattara sunayen mutum kusan 9,000 da aka ɓatar, da wuraren tsarewa na sirri wajen 340.

Amma kafin ka buɗe babin farko na kowane rahoto irin wannan, nemi dokar ko umarnin da ya kafa hukumar. Nan ake ɗaure mata hannu. A Chile, rahoton Rettig na 1991 ya duba waɗanda aka kashe ko aka ɓatar ne kawai, mutum sama da 2,000. Wanda aka azabtar ya rayu ba ya cikin lissafi. Sai a 2004 rahoton Valech ya amince da sama da mutum 27,000 da aka tsare ko aka azabtar, kuma doka ta kulle bayanansu har shekara 50. Wanda ya karanta na farko kaɗai zai ɗauka zaluncin mulkin soja na Janar Pinochet a Chile bai kai yadda ake faɗa ba.

Hukumar Gaskiya da Sasantawa ta Afirka ta Kudu, wadda Desmond Tutu ya jagoranta, ta karɓi bayanan mutum wajen 21,000, ta kuma yi afuwa ga 849 cikin masu nema sama da 7,000. Sai dai hurumin da aka ba ta kisa ne da sace mutane da azabtarwa da mummunan cin zarafi tsakanin 1960 da 1994. Korar miliyoyin baƙaƙe daga gidajensu da dokar takardar izinin zirga-zirga, waɗanda su ne ƙashin bayan wariyar launin fata, ba su shiga ma'aunin ba. Mahmood Mamdani ya soki hukumar a kan wannan, kuma yana da gaskiya. A Guwatamala, hukumar da ta ba da rahoto a 1999 an hana ta ɗora laifi a kan mutum da sunansa, amma ta gano cewa kashi 93 cikin ɗari na laifukan da ta tantance daga jami'an gwamnati ne da 'yan bangar da ke tare da su, kashi 3 daga 'yan tawaye. Rahoton kundi 12 ne. Kada ka ce sai ka gama su, akwai taƙaitaccen ɓangaren sakamako da shawarwari, shi za ka fara da shi.

Tambayoyi huɗu za ka riƙe: shekarun da aka ba hukumar ta duba, irin laifukan da aka ce ta duba, ko tana da ikon tilasta wa jami'i ya bayyana a gabanta, da ko an yarda ta ambaci sunaye.

Labarin wanda ya shiga ya fito

Rahoto yana ba ka tsari, amma ba zai gaya maka yadda yunwa ke sauya halin mutum ba. Primo Levi, masanin haɗa sinadarai ɗan Italiya da ya tsira daga Auschwitz, sansanin kisa na 'yan Nazi, ya buga If This Is a Man a 1947, kuma har yau ba a samu wanda ya fi shi bayyana yadda sansani ke sa fursuna ya zama abin tsoro ga fursuna ɗan'uwansa ba. Henri Alleg ya rubuta La Question a 1958 kan azabar da sojojin Faransa suka yi masa a Aljeriya. Ɗan ƙaramin littafi ne da ake gamawa a zama ɗaya, kuma gwamnatin Faransa ta haramta shi. Labarin da Jacobo Timerman, editan jarida a Ajantina, ya rubuta kan tsare shi, shi ne abokin tafiyar Nunca Más. Nawal El Saadawi ta rubuta tarihin zamanta a kurkukun mata na Masar bayan kamen da Shugaba Sadat ya yi a 1981, Ngũgĩ wa Thiong'o kuma ya rubuta Detained kan tsare shi ba shari'a a Kenya. Guantánamo Diary na Mohamedou Ould Slahi ɗan Muritaniya, wanda Amurka ta tsare shekara 14 ba tare da tuhuma ba, ya fito a 2015 da baƙaƙen layukan da jami'ai suka shafe. Bugun 2017 ya cike guraben, kuma gwama biyun darasi ne a kan abin da gwamnati ke jin kunyar a sani.

Ga inda ake tuntuɓe. Wanda ke cikin ɗaki ɗaya a kulle ya san ɗakinsa ne, bai san adadin ɗakunan ƙasar ba. Ka gaskata shi a kan abin da ya gani da idonsa da abin da jikinsa ya ji, ka yi taka-tsantsan da alƙaluman da ya ji a bakin wasu. Gulag Archipelago na Solzhenitsyn, kan sansanonin aikin ƙarfi na Tarayyar Sobiyet, wanda ya fara fitowa a Paris a 1973, an gina shi a kan shaidar fursunoni sama da 200, kuma bayaninsa na kame da tambayoyi da aikin ƙarfi ya tsaya daram; amma adadin da ya kawo ya zarce abin da rumbunan takardun Tarayyar Sobiyet suka nuna da aka buɗe su. Don haka a haɗa shi da Gulag na Anne Applebaum na 2003, wadda ta ƙiyasta mutum wajen miliyan 18 ne suka ratsa sansanonin. Haka kuma a 2015 Shin Dong-hyuk, wanda labarinsa na tserewa daga sansanin Koriya ta Arewa ya zagaye duniya, ya amsa cewa wasu sassan labarin ba daidai suke ba. Wannan bai rushe binciken Majalisar Ɗinkin Duniya na 2014 ƙarƙashin Michael Kirby ba, domin shi ya dogara ne da shaidu sama da 80 a bainar jama'a da wasu sama da 240 a asirce. Shi ya sa ba a jingina hukunci a kan bakin mutum ɗaya, kome daɗin labarinsa.

Takardun masu aikatawa

Wannan ne ɓangaren da masu karatu suka fi tsallakewa, kuma shi ya fi koyarwa. Gwamnatin da ke danniya ma'aikata ce: tana da rajista, da takardar miƙa fursuna, da lissafin abinci, da rahoton safe. Lamarin Chadi ya isa misali. A 2001 masu bincike na Human Rights Watch suka tarar da tulin takardun DDS, hukumar 'yan sandan ciki ta tsohon shugaban ƙasar Hissène Habré, a watse a tsohon ofishinta a N'Djamena. Da aka tace su, an samu sunayen mutum 1,208 da aka kashe ko suka mutu a tsare, da wasu 12,321 da aka ci zarafinsu, an kuma ga cewa ana aika wa Habré kansa rahotanni. Waɗannan takardu suna cikin hujjojin da kotun musamman a Dakar ta duba kafin ta yanke masa ɗaurin rai da rai ranar 30 ga Mayu 2016. Irin wannan rumbu an same shi a Paraguay a 1992, a Guwatamala a 2005 inda aka ƙiyasta shafi miliyan 80 na 'yan sanda, sai takardun Stasi, 'yan sandan asiri na Jamus ta Gabas, masu tsawon kilomita 111 in an jera su.

Sai dai takardar azzalumi ba gaskiya ce tsantsa ba. Ta kan yi daidai a kan kwanan wata, suna, da wanda ya sa hannu. Ta kan yi ƙarya a kan dalili. Takardar mutuwa za ta ce ciwo ne ko yunƙurin gudu. A kurkukun S-21 na gwamnatin kwaminis ta Khmer Rouge a Kambodiya, inda kotu ta tabbatar da mutuwar aƙalla mutum 12,000, an bar dubban takardun amsa laifi da aka tatsa da azaba, mutane suna cewa su 'yan leƙen asirin Amurka ne ko na Sobiyet ko na Biyetnam. David Chandler a Voices from S-21 na 1999 ya nuna yadda ake karanta su: ba don sanin abin da fursuna ya yi ba, sai don sanin abin da masu mulki ke tsoro.

Ordinary Men na Christopher Browning, na 1992, ya kamata kowa ya karanta shi, ko wace ƙasa ya zaɓa. Ya bi wata bataliyar 'yan sandan Jamus mai mutum wajen 500, yawancinsu magidanta masu matsakaicin shekaru. A garin Józefów na Poland a Yulin 1942, kwamandansu ya ba da dama duk wanda ya manyanta a cikinsu, in ba zai iya harbin Yahudawan garin ba, ya fito gefe. Mutum wajen goma sha biyu ne suka fito a lokacin. Littafin yana hana mai karatu samun sauƙin cewa masu irin wannan aiki wasu halittu ne daban.

Hukuncin kotu kuwa yana da tsawo, amma akwai dabara: tsallake muhawarar hurumi da ke farko, je ɓangaren abubuwan da kotu ta tabbatar sun faru. Gwada da hukuncin shari'ar Akayesu na 1998 a kotun duniya kan kisan Ruwanda, wanda ya fara ɗaukar fyaɗe a matsayin hanyar kisan ƙare-dangi, ko na shari'ar Krstić na 2001 kan kisan kiyashin Srebrenica a Bosniya. Ka tuna kotu tana duba wanda ke gabanta ne kawai. Wanda ya mutu ko ya tsere ko ya fi ƙarfin kamu ba zai fito sosai a ciki ba.

Alƙaluma

A nan gardama ta fi zafi, kuma yawancinta rashin bambance abu biyu ne: adadin da aka tantance da suna, da adadin da aka ƙiyasta. Na farko ƙasan lissafi ne, ba ya taɓa zama jimilla, domin dangin da aka kashe gaba ɗaya ba su da mai kai ƙara. A Ajantina hukuma ta rubuta kusan 9,000, ƙungiyoyin iyalai suna cewa 30,000. A Guwatamala an tantance 42,275, an ƙiyasta sama da 200,000. A Chadi takardun DDS sun nuna 1,208, hukumar bincike ta 1992 ta ƙiyasta 40,000. Ba saɓani ba ne kai tsaye. Ma'auni biyu ne.

Hukumar Peru a 2003 ta ƙiyasta mutum 69,280 ta hanyar gwama jerin sunaye daban-daban. Ga yadda dabarar take a sauƙaƙe: in wata ƙungiya tana da sunaye 100, wata ma 100, aka tarar 50 sun fito a duka biyun, ana ƙiyasta jimillar ta kai 200. Lissafin yana lalacewa in ƙungiyoyin biyu daga tushe ɗaya suka samo sunayen, ko in an rubuta sunan mutum ɗaya iri biyu aka ƙirga shi sau biyu. Wasu masana sun ƙalubalanci lissafin Peru, musamman rabon laifi tsakanin sojoji da 'yan tawayen Sendero Luminoso, kuma karanta muhawarar ya fi haddace adadin amfani.

Masana tarihi ma a karanta su biyu-biyu. Kan dokar ta-ɓacin da Birtaniya ta sa a Kenya daga 1952 zuwa 1960, littattafai biyu sun fito a 2005. David Anderson, a Histories of the Hanged, ya bi takardun kotu na mutum 1,090 da aka rataye. Caroline Elkins, a Imperial Reckoning, ta dogara sosai da hirar waɗanda aka tsare; masana ƙidaya sun musanta yawan mamatan da ta nuna, amma bayaninta na azabtarwa a sansanoni ya samu goyon baya da aka tilasta wa Birtaniya a 2011 ta amsa cewa tana ɓoye da takardun mulkin mallaka a Hanslope Park. A 2013 Birtaniya ta amince ta biya fam miliyan 19.9 ga 'yan Kenya 5,228.

Rahotannin abin da ke faruwa yanzu

Rahoton Amnesty International ko Human Rights Watch ko kwamitin binciken Majalisar Ɗinkin Duniya, fara shi daga babin da ya bayyana yadda aka yi binciken, yawanci shafi biyu zuwa biyar. Mutum nawa aka yi hira da su? A cikin ƙasar ko a sansanin gudun hijira? Da tafinta? An ba gwamnati dama ta amsa? Rahoton Amnesty na 2017 kan kurkukun Saydnaya na Siriya ya ce an rataye tsakanin 5,000 da 13,000 daga 2011 zuwa 2015, bisa hira da mutum 84, ciki har da tsofaffin masu gadi da alƙalai. Faɗin tazarar alama ce ta gaskiya: ba su shiga kurkukun ba, kuma ba su ɓoye hakan ba. Adadi guda cif daga wurin da ba wanda ya iya shiga, shi ne abin zargi.

Lura da nauyin kalmomi. Kwamitocin Majalisar Ɗinkin Duniya suna aiki da ma'aunin dalili mai ƙwari na yarda cewa abu ya faru, wanda bai kai na kotun laifuka ba, inda sai an kawar da kokwanto. Rahoton ofishin kare haƙƙin ɗan'adam na 31 ga Agusta 2022 kan yankin Xinjiang na Sin ya ce abin da aka yi wa 'yan Uighur yana iya zama laifin cin zarafin bil'adama. In za ka ɗauko shi, ɗauko shi da wannan nauyin, kada ka ƙara kada ka rage.

Manyan ƙungiyoyi ma suna kuskure. A 1990 wata yarinya ta shaida wa 'yan majalisar Amurka cewa sojojin Iraƙi suna ciro jarirai daga kwalaben asibiti a Kuwait. Amnesty ta maimaita zargin, ta janye shi a 1991, daga baya aka gano yarinyar 'yar jakadan Kuwait ce a Washington. Akasin haka ma yana faruwa. Da jaridun Amurka suka ba da labarin kisan kiyashin El Mozote a El Salvador a farkon 1982, gwamnatocin ƙasashen biyu suka ƙaryata. A 1992 masu tono ƙasusuwa 'yan Ajantina suka haƙo gawarwaki 143 a wani ɗan gini kusa da cocin ƙauyen, 131 daga ciki yara ne 'yan ƙasa da shekara 12. Ramin ƙarya ƙurarre ne, amma wani lokaci sai an yi shekara goma ana jira. Mark Danner ya tattara dukan lamarin a The Massacre at El Mozote.

Don gane salon musu, States of Denial na Stanley Cohen, na 2001, ya kasa shi uku: a ce ba a yi ba, a ce an yi amma ba sunansa ke nan ba, a ce an yi amma dole ce ta sa. Riƙe wannan ka karanta taƙaitaccen rahoton majalisar dattawan Amurka na Disamba 2014 kan tsare mutum 119 da hukumar leƙen asirin Amurka, CIA, ta yi, shafi wajen 500 daga cikin sama da 6,000 da ba a saki ba, za ka ga nau'i na biyu da na uku a fili. Torture and Democracy na Darius Rejali ya ƙara wani abu mai muhimmanci: ƙasashen da ake sa wa ido su suka fi ƙwarewa a azabar da ba ta barin tabo, don haka rashin tabo a jiki ba ya wanke kowa.

Rahoton shekara-shekara na ma'aikatar harkokin wajen Amurka yana da bayanai, amma rahoton gwamnati ne, kuma ba ya duba Amurka kanta. In kana son ganin ɓangarori uku a wuri ɗaya, nemi takardun bitar da Kwamitin Kare Haƙƙin Ɗan'adam na Majalisar Ɗinkin Duniya ke yi wa kowace ƙasa kusan duk shekara huɗu da rabi: abin da gwamnati ta faɗa a kan kanta, abin da hukumomin Majalisar suka tattara, da abin da ƙungiyoyin farar hula suka kawo. Gajeru ne, kyauta ne a intanet, kuma ana samun su da Turanci, Faransanci da Larabci.

Tsarin zama

Sati shida zuwa takwas sun isa ƙasa ɗaya in kana ba ta awa ɗaya a rana. Buɗe littafin rubutu ka ja layi biyar: me ya faru, yaushe kuma a ina, wace hukuma ta aikata, wa ya faɗa, ta yaya ya sani. Layi na ƙarshe shi ne wanda za ka tarar babu kome a cikinsa sau da yawa, kuma duk abin da ya rasa shi kada ka yaɗa shi. A shafi na daban ka zana jerin umarni daga mai gadi har zuwa fadar shugaba, kana cikewa a hankali. Inda layin ya yanke, nan ne shari'o'i suka fi rushewa.

Babin azabtarwa da na fyaɗe kada ka karanta su da daddare, kuma kada ka jera su kwana da kwana. Masu wannan aiki da kansu suna samun rashin barci da firgita, ba rauni ba ne. Hotuna ba dole ba ne, bayanin likita ya wadatar. Ƙasa ta biyu kuma ka zaɓe ta da gangan daga ɓangaren da zuciyarka ke so: in ka fara da laifukan Amurka da ƙawayenta, koma kan Sobiyet ko Sin ko Siriya, in ka fara da waɗannan, koma kan Aljeriya ko Kenya ko El Salvador. Ka yi mata tambayoyi biyar ɗin nan da tsananin da ka yi wa ta farko.